Wata Takwas Ina Naɗe Waya Kafin a Miƙo Mini Kyamara

Ina da shekara 19 lokacin da na fara taka ƙafa wurin ɗaukar fim, kuma aikin da aka ba ni a ranar bai wuce riƙon jakar batura da naɗe wayoyin fitilu ba. Wani abokin yayana ne ya kai ni wurin mutumin da ya zama maigidana, wanda ya daɗe yana ɗaukar hoto a finafinai masu zaman kansu, wato irin waɗanda babu wani babban kamfani a bayansu, sai darakta da 'yan abokan aikinsa da ɗan abin da suka iya harhaɗawa. Na je da ɗokin kama kyamara, domin na riga na haddace sunayen kyamarori da lambobinsu a intanet, har ina jin abin da ya rage mini kawai shi ne a miƙo mini ɗaya. Maigidana ya dube ni sama da ƙasa, ya nuna mini wata doguwar waya da ta cukurkuɗe, ya ce, "Yaro, warware wannan ka naɗe ta yadda gobe ba za ta ba mu wahala ba." Sau uku yana kwance naɗin da na yi, a na huɗu ne ya nuna mini yadda ake juya hannu, zagaye ɗaya ta sama ɗaya ta ƙasa, don kada wayar ta murɗe daga ciki.

Wata takwas na yi a haka. Ba zan ɓoye ba, na sha yin niyyar tafiya, domin ina ganin sa'o'ina suna yawo da kyamara a wuya ni kuwa ina fama da wayoyi da ƙafafun fitilu. Abin da ya riƙe ni wata tambaya ce da yake yi mini duk inda muka shiga, tun kafin a sauke kaya: "Daga ina hasken ɗakin nan yake shigowa?" Ranar farko na amsa da cewa daga taga, ina mamakin irin wannan tambaya. Sai ya ce, "Shi ke nan?" Ya jawo ni tsakiyar ɗakin, ya sa na ɗaga tafin hannuna ina juyawa a hankali. Gefen da ke kallon taga ya yi fari, wannan kowa ya sani. Amma ɗaya gefen bai yi baƙi ƙirin ba, saboda bangon da ke fuskantar tagar yana dawo da wani haske mai laushi, kuma ƙasan hannuna ya ɗauki ɗan ja-ja, wanda da na duba na ga daga jar shimfiɗar da ke ƙasa yake tasowa. Haske uku ke nan a ɗakin da na ce ɗaya ne. Tun daga ranar ban ƙara shiga ɗaki da idon da na saba ba, har ta kai a gida ana yi mini magana ina kallon inuwar da ke gefen hancin mai maganar.

Bayan wata takwas ya ɗaga ni zuwa mai daidaita fokas, wato mai juya gilashin kyamara don fuskar ɗan wasa ta fito tsaf, aikin da ba a san da mai yin sa sai ranar da ya yi kuskure. A jikin kyamara akwai wata 'yar alama, da'ira da layi ya ratsa ta, wadda ke nuna daidai inda farantin karɓar haske yake, kuma daga nan ake fara awo, ba daga bakin gilashi ba. Nakan ja awon daga alamar zuwa idon ɗan wasa, in manna farin salatif a ƙasa inda zai tsaya, in yi alama a zoben gilashi, sannan idan darakta ya ba da umarni in bi tafiyar ɗan wasan da yatsuna ba tare da na girgiza kyamarar ba. A nan na koyi lissafin sana'ar da hannu, ba da haddar intanet ba. Fim yana tafiya ne a kan hoto 24 a kowace daƙiƙa, ƙa'idar da ta zauna tun ƙarshen shekarun 1920 lokacin da sauti ya shigo fim, kuma ƙiftawar kyamara, wato tsawon lokacin da haske ke shiga don kowane hoto, ta fi dacewa ta zama kashi 1 cikin 48 na daƙiƙa, ko 1 cikin 50 a ƙananan kyamarori, don motsi ya fito yadda ido ya saba. Ƙofar hasken gilashi kuwa tana da matakai, 2 da 2.8 da 4 da 5.6 da 8, kowane mataki yana rage hasken zuwa rabi. Fitila ma tana da nata lissafin: idan ka ninka nisanta da fuska, ba rabin haske kake samu ba, rubu'i ne. Maigidana bai taɓa zaunar da ni ya karanta mini waɗannan ba, sai dai ya ce in matsar da fitila baya taku biyu, sannan ya tambaye ni mataki nawa za a buɗe.

Ya kamata in faɗi wani abu game da zamanin da na shigo, domin shi ya haifi ire-irena. A ƙarshen 2008 kamfanin Canon ya fitar da 5D Mark II, kyamarar ɗaukar hoton kati wadda aka ƙara mata ɗaukar bidiyo, kuma farantinta yana da faɗin milimita 36 da tsayin 24. Da farko hoto 30 take ɗauka a daƙiƙa, sai a 2010 aka sabunta manhajarta ta iya 24. Tana da nakasu da yawa, ciki har da yankewa bayan kimanin minti 12 na ɗauka, amma ta ba mai ƙaramin ƙarfi abin da a da sai manyan kamfanoni ke da shi, wato hoton da fuska ke fitowa tsaf, baya kuma ya narke ya zama hazo. A wannan shekara ta 2010 kamfanin Arri na Jamus ya fitar da Alexa, wadda manyan finafinai suka rungume, mu kuwa sai dai mu gan ta a hoto. Ƙananan kyamarorin da suka biyo sawun ta Canon su ne suka buɗe wa dubban matasa ƙofa, kuma ina cikinsu, don haka ba ni da bakin kushe su. Sai dai sun zo mana da wata cuta, wato ɗaukar hazon baya a matsayin fim ɗin kansa.

Cutar nan ta kama ni sosai. Da na tara abin da ya samu na sayi tsohuwar kyamara ta hannu da gilashi guda ɗaya mai milimita 50, sai wata matashiyar darakta ta neme ni in ɗauki gajeren fim ɗinta na minti goma sha biyu. Wannan shi ne karo na farko da aka kira ni mai ɗaukar hoto, ba yaron wani ba. Na buɗe ƙofar haske har ƙarshenta, 1.8, daga fitowar farko zuwa ta ƙarshe, ko da rana tsaka, domin in burge. Babu mai ja mini fokas, ni ke riƙe kyamara ni ke juya zobe, ina duba ɗan ƙaramin allon da ke bayanta wanda komai ke yin kyau a cikinsa. A wannan buɗewa, idan mutum yana nisan mita ɗaya da rabi, abin da ke fitowa tsaf bai wuce kaurin santimita 10 ba. A fitowa mafi muhimmanci, inda jarumar ke karanta wasiƙar mahaifinta, ta ɗan sunkuyo gaba lokacin da kuka ya zo mata, kuka na gaske wanda ba a shirya ba. Da muka zauna gaban babban allon mai tace fim, sai ga kunnenta da ɗankunnenta sun fito tsaf, idanunta kuwa da hawayen sun zama hazo. Daraktar ba ta yi mini faɗa ba. Ta mayar da wurin sau biyu, ta yi shiru, sannan ta tambayi mai tacewa ko akwai wata ɗaukar. Akwai, amma babu kukan a cikinta. Da ta zage ni da ya fi mini sauƙi. Na kai wa maigidana ƙorafin cewa allon kyamarar ne ya yaudare ni, sai ya ce da na rufe zuwa 4 da na sami fiye da ninkin wannan kauri, kuma babu mai kallon da zai tashi daga kujera don bango ya fito.

Shekara biyu na yi ina ɗaukar gajerun finafinai da tallace-tallace da duk abin da ya zo, wasu an biya, wasu an yi godiya. Babu abin faɗa sosai a kansu.

Ina da shekara 24 aka ba ni dogon fim na farko. Rubutun shafi 90 ne, kwanakin ɗauka 15, kuma tun da a al'adar sana'ar shafi ɗaya yakan ba da kimanin minti ɗaya a allo, dole mu gama shafi shida kowace rana ko da me ya faru. Mu tara ne gaba ɗaya a bayan kyamara, fitilunmu uku, sai farin zanen gado biyu da baƙin ƙyalle da allon mayar da haske. Daraktan yana yawan ambaton 'yan Dogme 95, ƙungiyar da Lars von Trier da Thomas Vinterberg suka kafa a Denmak a 1995, waɗanda suka ɗaukar wa kansu alkawarin riƙe kyamara a hannu, da ɗauka a wuri na ainihi, da barin fitilun musamman. Ni dai nakan yi dariya a raina, domin su zaɓa suka yi, mu kuwa babu ce ta sa mu. Amma ambaton nasu ya yi mini amfani ta wani ɓangare, ya cire mini kunyar ƙarancin kayanmu, ya sa na daina ƙoƙarin kwaikwayon hoton da ake yi da motoci cike da fitilu.

Kafin mu fara na yi kwana huɗu ina zuwa gidan da za mu yi yawancin aikin, ni kaɗai, da littafi da biro. Rana tana tafiyar digiri 15 a kowace awa, don haka ɗakin da ya yi kyau da ƙarfe tara zai iya zama kogo da ƙarfe ɗaya. Na rubuta lokacin da rana ke shiga kowace taga da lokacin da take barinta, na kai wa mataimakin darakta, muka sake tsara jadawalin gaba ɗaya bisa tafiyar rana maimakon bisa jerin labari. Wannan littafin ya fi kowace fitila da muke da ita aiki.

Abin da ya fi cin tunanina shi ne fatar 'yan wasanmu. Babban jarumin dattijo ne baƙi sosai, wadda ke fitowa a matsayin 'yarsa kuma tana da haske, kuma sau da yawa suna cikin hoto ɗaya. Na'urar awon haske ta kyamara an gina ta ne a kan matsakaicin toka-toka mai mayar da kashi 18 cikin 100 na haske, ba ta san fuska ba, ba ta san labari ba. Matsalar ma tsohuwa ce, domin daga shekarun 1950 har shekaru da dama bayan nan katunan da kamfanin Kodak ke bai wa masu wanke hoto don daidaita launi hoton farar mace ne a jikinsu, aka daɗe ana auna kowace fata da wannan ma'auni. Abin da mafi yawan sababbin shiga ke yi, kuma ni ma na sha yi, shi ne su ƙara wa baƙar fuska wuta, sai goshi ya yi ƙyalli, fatar ta yi toka-toka, wanda ke kusa da shi kuma ya ƙone. A gwajin da na yi kwana biyu kafin farawa na gane cewa baƙar fata kamar madubi take, siffar abin da ke haskata take nunawa. Ƙaramar fitila tana bar mata ɗigo mai zafi, babban farin zane kuwa yana shimfiɗa mata haske mai faɗi wanda ke bin ƙashin kunci da goshi ya fito da surar fuskar. Sai na daina haska Baba kai tsaye. Nakan buga fitilar a jikin zanen gado, in kawo zanen kusa da shi gwargwadon yadda hoto zai bari, in sa baƙin ƙyalle ya tare wa 'yar tasa wani kaso. Ranar da ya leƙa allo ya ga kansa, ya daɗe yana kallo, sannan ya ce, "Ɗana, yau dai na ga fuskata." Na yi shekaru ina jin yabo iri-iri daga baya, amma wannan ne nake tunawa.

A rana ta tara na yi kuskuren da har yanzu idan na tuna gabana ke faɗuwa. Katunan ajiya uku kawai muke da su, don haka da tsakar rana ake kwashe na safe zuwa kwamfuta a goge shi a sake amfani da shi. Wanda ke kwashewa ya tafi neman wani abu, na ga katin a kan tebur, na ɗauka an gama da shi, na sa a kyamara na goge, kuma na ci gaba da ɗauka a kansa har yamma, abin da ya rufe duk wata hanyar ceto. Da dare aka nemi aikin safe aka rasa. Shafi uku suka tafi, ciki har da fitowar da muka yi da mutane kusan ashirin da aka roƙa suka zo kyauta. Gumi ya karyo mini, kuma na ga idanu sun fara komawa kan yaron da ke kwashewa, wanda bai fi wata biyu da fara aiki ba. Na yi shiru na ɗan lokaci, kuma ba zan ce shirun na alheri ba ne. Daga baya na buɗe baki na ce ni ne. Daraktan ya fita waje ya daɗe, da ya dawo sai ya zauna ya sake rubuta fitowar ta zama ta mutum biyu a bakin ƙofa. Tun daga ranar duk katin da ya fito daga kyamarata sai an manna masa jan salatif, kuma ba a cire shi sai aikin ya zauna a rumbun ajiya biyu dabam-dabam, an buɗe an gani da ido.

Fitowar da aka fi yi mini magana a kanta a fim ɗin nan ba ni na tsara ta ba. A rana ta goma sha uku ne, inda dattijon ke gaya wa 'yarsa cewa ya sayar da gidan. Na shirya tura kyamara a hankali zuwa fuskarsa, na ɓata awa guda ina shimfiɗa katako don tafiyar ta yi santsi, na kuma daidaita fitilu biyu da takardar launi, domin tsohuwar fitilar ƙwai tana ba da haske mai ja wanda a ma'aunin launin haske na Kelbin ya kai 3200, hasken rana kuwa yana wajen 5600, idan aka haɗa su babu gyara sai rabin fuska ya yi ruwan lemo rabi ya yi shuɗi. Muna gab da farawa janareto ya mutu, ya ƙi tashi. Saura kamar minti ashirin rana ta bar tagar. Daraktan ya ce a ɗauka haka, kuma kada kyamara ta motsa ko kaɗan. Na yi gardama, domin ina ganin tafiyar kyamarar ita ce sa hannuna a fitowar, shi kuwa ya ce Baba zai yi tafiyar da fuskarsa. Na juya kujerar dattijon ta ba taga gefe, na sa mutum biyu suka riƙe zanen gado a ɗaya ɓangaren, na rufe ƙofar haske zuwa 4, na auna nisan da awo kamar yadda aka koya mini, na kulle kyamarar na cire hannuna. Ya yi magana ta minti uku ba yankewa. Yana cikin magana rana tana sauka, hasken yana janyewa daga fuskarsa kaɗan-kaɗan, har lokacin da ya kai kalmar ƙarshe idonsa ɗaya kawai ke ɗauke da ɗigon haske. Da fitiluna sun kama, da na hana wannan faruwa da hannuna.

Maganar kuɗi kuwa ba ta yi daɗi ba. An yi da ni za a ba ni rabi kafin aiki, rabi idan fim ya sami mai saye, kuma ban nemi a rubuta ba saboda ina jin kunyar a ce yaro ya cika son kuɗi. Rabin farko ya zo a gutsure, na biyu har yau ina jira. Gyaran launi ma ni na yi shi a kwamfutar aro da DaVinci Resolve, manhajar da ke da nau'in kyauta, dare goma sha ɗaya, ba da ƙarin ko sisi ba, don kawai ba zan iya barin wani ya mayar da fuskar Baba toka-toka ba. Ba na zargin furodusan da mugunta, na san shi ma bashi ya ci, amma yanzu ba na ɗaga kyamara sai an rubuta kwanaki da lada da yadda za a sa sunana, ko da aikin na aboki ne.

An nuna fim ɗin a wani ƙaramin bikin finafinai, a zauren da bai cika rabi ba. Wannan ne karo na farko da na ga hotona a allon da ya fi ni tsawo, kuma abin da na fi gani kurakurai ne: inuwar sandar makirfo a bango, wata fitowa da ta yi duhu fiye da kima, wani wuri da hannuna ya yi rawa. Amma da aka zo fitowar taga zauren ya yi tsit, har ina jin numfashin matar da ke kujerar bayana.

Bayan mako guda na kai wa maigidana fim ɗin a kwamfuta. Ya kalla daga farko har ƙarshe bai ce uffan ba, ko a fitowar tagar da nake ta satar kallon fuskarsa. Da ya ƙare sai ya mayar da shi baya zuwa wata fitowar dare da nake alfahari da ita, inda na zuba wani shuɗin haske mai kyau a kafaɗar jarumar, ya tsayar da hoton.

"Wannan hasken daga ina yake shigowa?"

Na ce daga taga, Maigida.

"A fitowar safe na ga bangon nan. Babu taga a jikinsa."

Na buɗe baki na rufe. Ya tashi ya shiga ciki, ya fito da tsohuwar na'urarsa ta awon haske, wadda igiyarta ta yi baƙi don daɗewa a wuya, ya ajiye ta a kan kwamfutar. Ya ce aro ne, in dawo masa da ita idan na gama fim na biyu, kuma in zo da fim ɗin.